KOGWANNIN DA KE ƘARƘASHIN BIRNIN FARIS

Bayani domin hakimai da malamansu

Baƙon da ya sauka Faris, babban birnin ƙasar Faransa, galibi sama ya ke ɗaga kai, yana kallon hasumiya da dogayen benaye da manyan majami'u. Kaɗan ne ke tambayar inda aka samo dutsen da aka yi waɗannan gine-gine. To, da yawansa daga ƙarƙashinsu aka haƙo shi. Ramukan da aka bari kuwa suna nan har yau. Hanyoyi ne na cikin ƙasa masu rassa barkatai, waɗanda in an haɗa tsawonsu za su kai kusan kilomita 300, watau sun fi nisan Kano zuwa Kaduna. Cikin wannan duka, kilomita ɗaya da rabi kaɗai hukuma ta keɓe domin masu ziyara, ta sa fitilu da masu gadi, ta kuma tanadi jagorori masu yin bayani.

Mun ga ya kamata mu ba ku labarin wannan wuri saboda dalili biyu. Na ɗaya, wataƙila Allah ya kai wani daga cikinku can, gara ya san abin da zai tarar tun bai sa ƙafa ba. Na biyu, wanda ya fi muhimmanci, labarin ya shafi aikin mai riƙon ƙasa da na mai riƙon alƙalami, gama labari ne na birnin da ya manta abin da kakanninsa suka haƙa, har ƙasa ta soma haɗiye gidaje.

YADDA RAMUKAN SUKA SAMU

Waɗannan kogwanni hannun mutum ne ya yi su. Masana sun ce shekaru kamar miliyan 45 da suka wuce teku ce ta rufe wurin da Faris ta ke. Abin da ya kwanta a gindin ruwan, laka da ɓawon ƙananan halittu, shi ya daskare ya zama farin dutse mai daɗin sassaƙa. Har yanzu jagora ya kan haska bango da tocila, ya nuna wa baƙi siffar katantanwa a jikin dutsen.

Tun zamanin Rumawa a ke fasa wannan dutse a fili, a gefen tuddai. Da na sama ya ƙare, birni kuma yana ta ƙaruwa, sai mafasa suka shiga bin sa ta ƙarƙashin ƙasa. Babbar majami'ar Notre-Dame, wadda aka soma ginawa cikin 1163, da irin wannan dutse aka yi ta. Su kan haƙa rijiya mai faɗi har su cim ma dutsen, sa'an nan su yi ta kutsawa gefe da gefe. A bakin rijiyar a kan kafa wani katafaren wili na katako, mutum ya hau yana takawa, igiya tana naɗewa, dutse yana hawowa.

Hanyar tokare rufi iri biyu ce. Da fari su kan bar wani sashi na dutsen ba su taɓa ba, ya zama ginshiƙi. Daga baya suka ga wannan asara ce, sai suka koma kwashe dutsen kakaf, su jera ɓaraguzai bisa juna su tokare rufin, su cike sauran wurin da tarkace. In dutsen wuri ya ƙare, sai su kwashe kayan aikinsu su yi gaba. Ba wanda ya zana taswira, ba wanda ya rubuta kome, domin a lokacin wuraren nan bayan gari ne, gonaki ne da makiyaya. Wa zai damu da ramin da ke ƙarƙashin gonar wani?

Amma gari ba ya tsayawa wuri ɗaya. Shekara ɗari, shekara ɗari biyu, mafasan suka mutu, jikokinsu suka mutu, gonakin suka zama unguwanni. Mutane suka ɗora benaye masu nauyi bisa rufin da ba su san da shi ba.

RANAR DA TITI YA NUTSE

Ya kamata a fahimci yadda irin wannan rami ke rushewa, gama ba ya ba da sanarwa. Ruwa ya kan tsattsafo ya raunana rufin, wani ɓangare ya faɗo. Ƙasar da ke bisansa mai taushi ce, sai ta riƙa zubowa kaɗan kaɗan, ramin yana cin sama, yana tsukewa kamar kifaffen ƙoƙo. A haka zai yi shekaru yana hawowa, mutane na sama suna harkokinsu, har ya rage ɗan ɓawon ƙasa kaɗai tsakanin ramin da daɓen gida. Ran da amalanke mai nauyi ya bi ta kai, ko aka yi ruwa mai yawa, sai ƙasa ta buɗe baki gaba ɗaya.

Haka ya faru cikin watan Disamba na 1774. Wani sashi na wani titi a kudancin birnin ya rufta. Sunan titin da Faransanci Rue d'Enfer, ma'anarsa Titin Jahannama, kuna iya ƙiyasta abin da mutane suka riƙa faɗa a kasuwa. Hankalin sarauta ya tashi, domin da aka leƙa sai aka tarar unguwanni masu yawa na kudancin Kogin Sen bisa wofi su ke zaune.

Cikin watan Afrilu na 1777 Sarki Luwi na 16 ya kafa ofishi na musamman domin duba waɗannan mahaƙu, aka naɗa wani masanin gine-gine mai suna Charles-Axel Guillaumot ya shugabance shi. Ya riƙe aikin har rasuwarsa cikin 1807, in ban da 'yan shekarun da aka ture shi zamanin juyin mulkin Faransa.

A nan ne mu ke so malamai su saurara da kyau. Guillaumot ya tsara aikinsa hawa uku: a nemo ramin, a auna shi a zana, sa'an nan a tokare. Ya sa aka haƙa hanyoyi a ƙarƙashin titunan birni, kowace tana bin titin da ke bisanta, domin a gano tsofaffin ramukan da suka ɓace. Aka sassaƙa sunan titin sama a jikin bangon ƙasa, yadda ma'aikaci zai san a ƙarƙashin wace unguwa ya ke tsaye. Kowane ginshiƙi da aka gina, sai a sassaƙa masa abu uku: lambarsa, da harafin farko na sunan shugaban ofishin, da shekarar da aka yi shi. Wanda ya gaji aikin ya bi wannan tsari da harafin sunansa. Saboda haka yau, bayan fiye da shekara 200, injiniya na iya tsayawa gaban ginshiƙi ya karanta wanda ya gina shi da lokacin da aka gina, ya koma ofis ya nemo shi a taswira. In aikin ya yi kyau an san mai shi, in ya ɓaci ma an san mai shi. Ba mu san wata dabara da ta fi wannan sa ma'aikaci ya tsare amana ba.

Cikin 1813 aka hana haƙar dutse ta ƙarƙashin ƙasa a cikin birnin. Ofishin kuwa yana nan har yau a ƙarƙashin hukumar birnin Faris, kuma wanda zai yi gini a unguwar da ke bisa tsohuwar mahaƙa sai an nemi shawararsa. Wani abin lura shi ne, a dokar Faransa mai fili shi ke da abin da ke ƙarƙashin filinsa. Hukuma ta kan tokare ƙarƙashin tituna da wuraren jama'a, amma ƙarƙashin gida nauyin mai gida ne. Kuɗin da wannan ke ci ba kaɗan ba ne. Da aka zo gina majami'ar Sacré-Cœur bisa tudun Montmartre, wadda aka soma cikin 1875, sai da aka haƙa rijiyoyi 83, kowace zurfin mita 33, aka cike su da gini, domin tudun duk an rarake cikinsa.

SAUKA CIKIN ƘASA

Ƙofar shiga tana dandalin Denfert-Rochereau, cikin wani tsohon gini inda a da a ke karɓar kuɗin ƙofa daga masu shigo da kaya birni. Ba a barin fiye da mutum 200 a ciki lokaci guda. Wasu su kan bi jagora ƙungiya ƙungiya, wasu kuma a ba su 'yar na'ura su kara a kunne tana yi musu bayani. Mu dai shawararmu a nemi jagora mai rai, gama na'ura ba ta amsa tambaya.

Matakala ce mai murɗewa, taki 131, har zurfin mita 20, watau kamar rijiya mai gaba goma sha ɗaya. Tun mutum yana jin ƙarar motoci har ta ɗauke. A ƙasa sanyi ne ɗaya rani da damina, awo 14 a ma'aunin zafi, kamar asubahin hunturu a ƙasarmu, ga danshi, wani wuri ruwa na ɗiga daga rufi. Hanyar ƙunci gare ta, dogon mutum ya kan sunkuya a wasu wurare.

Da fari ba a ganin kome sai bango da rubuce-rubucen da muka ambata. Baƙi da yawa su kan wuce su da sauri, suna ɗokin abin da ke gaba, alhali kuwa nan ne jagora nagari ya kan tsai da mutanensa ya karanta musu lamba da harafi da shekara. Zai kuma ce a ɗaga kai. A jikin rufin akwai wani baƙin layi da aka ja tun kafin a sa lantarki, lokacin da masu ziyara ke shiga da kyandir. Wanda ya bi layin ya fita, wanda ya bar shi ya shiga uku. Duk rassan da suka rabu da hanyar baƙi an toshe su da gini ko da ƙofar ƙarfe.

Bayan tafiya mai ɗan nisa sai a iso wata ƙofa mai rubutun gargaɗi a bisanta, domin mai shiga ya san ya iso wurin matattu.

YADDA ƘASUSUWA SUKA ZO NAN

A tsakiyar Faris, dab da babbar kasuwa, akwai wata tsohuwar maƙabarta da a ke kira Saints-Innocents. Ɗaruruwan shekaru a ke binne mutane a cikinta, talakawa a manyan ramuka na taro, har ƙasarta ta yi tudu ta fi titunan da ke kewaye. Maƙwabta sun daɗe suna kuka da wari da cuta. Cikin 1780 bangon ɗakin ƙarƙashin ƙasa na wani gida da ke jikin maƙabartar ya fashe saboda nauyin abin da ke bayansa. Daga nan aka rufe ta.

Ga maƙabarta ta cika ta tumbatsa, ga kuma ramuka wofi da aka gama tokarewa a kudancin gari. Sai hukuma ta haɗa matsalolin biyu. Cikin 1785 aka ba da umurnin kwashe ƙasusuwan, ran 7 ga Afrilu 1786 limaman Kirista suka keɓe wurin da addu'a. Da dare a ke aikin, don kada a ta da hankalin jama'a, kekunan doki lulluɓe da baƙin ƙyalle, limamai suna biye. Daga baya aka kwaso na sauran maƙabartun cikin gari, aka yi ta yi har wajen 1860. An ƙiyasta ƙasusuwan mutum kamar miliyan 6 ke wurin.

Da fari zuba su kawai a ke yi ta bakin rijiya, su taru tsibi tsibi. Wani shugaban ofishin mai suna Héricart de Thury, tun daga wajen 1810, shi ya sa aka jera su kamar katanga, ƙasusuwan ƙafa a gaba, ƙoƙunan kai jeri jeri a tsakaninsu, sauran a baya. Kowane tari aka kafa masa allon dutse mai faɗin maƙabartar da aka kwaso shi da shekarar da aka kawo. Ko a nan ma ba su bar rubutu ba. Sunan mutum ɗai ɗai kam ya ɓace, attajiri da almajiri sun cakuɗe, ba mai iya rabewa.

Wajibi ne mu faɗi gaskiya a nan. Jera ƙasusuwan mutane a buɗe, har a biya kuɗi a shiga kallo, ba al'adarmu ba ce, mai karatu da yawa zai ji abin ya yi masa nauyi, mu ma haka. Su kansu masu wurin sun ɗauke shi maƙabarta: an hana taɓa ƙashi, dokar ƙasar kuma ta tanadi ɗauri da tara ga wanda ya wulaƙanta gawa. Wanda ya san zuciyarsa ba za ta ɗauka ba ya yanke shawara tun yana sama, domin hanyar gaba kawai ta ke yi, ba a komowa ta inda aka shiga.

WAƊANDA SUKA SHIGA BA JAGORA

Jagorori su kan ba da labarin wani mai suna Philibert Aspairt, mai gadin ƙofa a asibitin Val-de-Grâce. Cikin watan Nuwamba na 1793 ya sauka cikin ramukan shi kaɗai ta wata matakala da ke harabar asibitin. Bai komo ba. Sai cikin 1804, bayan shekara 11, ma'aikata suka tsinci ƙasusuwansa, aka ce da makullan da ke ɗamararsa aka gane shi. A wurin aka binne shi. Kabarin yana can cikin sashin da ba a kai baƙi.

Tun 1955 doka ta hana kowa shiga sauran ramukan ba da izini ba, akwai kuma 'yan sanda na musamman masu sintiri a ciki. Duk da haka samari ba su daina saɗaɗawa ta ramukan titi ba. Cikin 2004 'yan sanda suka tarar wasu sun shirya wurin kallon silima sosai a wani kogo, har da lantarki. Cikin 2017 wasu yara biyu matasa suka ɓace kwana uku, sai da aka sa karnuka kafin a same su, sanyi ya kama su. Hausawa sun ce matambayi ba ya ɓata, amma a can ƙasa ba wanda za a tambaya, wayar hannu ma ba ta samun layi. Saboda haka in wani ya tare baƙo ya ce zai kai shi ta wata ƙofa ta ɓoye a kuɗi kaɗan, kada ya yarda.

Ramukan sun yi wani amfani kuma lokacin yaƙi. Cikin Agusta 1944, daga wata mafaka da ke ƙarƙashin wannan dandali na Denfert-Rochereau ne Kanar Rol-Tanguy ya shugabanci tawayen mutanen Faris ga sojan Jamus.

Kada kuma a zaci haɗarin rushewa ya wuce tun zamanin sarakuna. Ran 1 ga Yuni 1961, a Clamart da ke gefen birnin, wata tsohuwar mahaƙar alli ta rufta da unguwa, mutum 21 suka rasu.

ABIN DA YA SHAFI ƘASARMU

Ba mu da irin waɗannan kogwanni a ƙarƙashin biranenmu, amma mu ma daga cikin garuruwanmu muka haƙo abin da muka gina su. Kowane kududdufi a Kano ko Zariya ko Katsina, gurbin ƙasar da aka yi ganuwa da soraye ne. Ga tsofaffin rijiyoyi da aka daina ɗiba, ga rijiyoyin marina da aka bari, ga ramukan kuza a ƙasar Jos, ga na masu neman zinariya a Zamfara da wasu wurare. Da yawa an cike su da shara da ɓaraguzai, ciyawa ta rufe, bayan 'yan shekaru a yanka fili a sayar. Mai saye ba ya nan lokacin da a ke cikewa. Sau da yawa kuwa mai unguwa ko dagaci ne shaidar cinikin, in katanga ta tsage ko ɗaki ya nutse da damina, ƙofar hakimi za a kawo ƙara.

Abin da za a iya yi ba ya bukatar kuɗi masu yawa. Hakimi ya umurci dagatai da masu unguwanni su ƙidaya irin waɗannan wurare a ƙasarsu, su soma da tambayar tsofaffi tun suna raye, gama yawancin wannan sani a kawunansu ya ke. Malami ya buɗe littafi na musamman, ya rubuta inda ramin ya ke da wata alama da ba ta gushewa, kamar masallaci ko kuka ko mararraba, da kimanin zurfinsa, da shekarar da aka cike shi, da abin da aka cike shi da shi, da sunan wanda ya ba da labarin. A aika da kwafi ga ƙaramar hukuma da ofishin filaye, tun da su ke da ikon ba da izinin gini. Rijiyar da ke buɗe a sa a rufe bakinta da abu mai ƙarfi, kada a bar ta da kara da tabarma.

Maganar kwafi ba wasa ba ce. Cikin 1871, lokacin wani tashin hankali a Faris, aka ƙone babban ofishin hukumar birni, takardu da taswirorin mahaƙu na kusan shekara ɗari suka tafi tare da shi. Sai da aka yi shekaru ana sake aunawa, ana tattara abin da ya saura a hannun mutane. Rubutun da ke jikin dutse kam wuta ba ta kai gare shi ba.

GA WANDA ZAI JE

A sayi tikiti tun da wuri ta intanet, a kuma bincika ko wurin yana buɗe, domin a kan rufe shi wani lokaci saboda gyara. A sa takalmi mai kama ƙasa, a riƙe rigar sanyi ko da ana zafi a sama. Babbar riga mai jan ƙasa za ta sha laka, gara a sa wadda ba ta kai idon sawu ba. Ba a shiga da manyan jakunkuna, ba kuma wurin ajiye su. Mai ciwon zuciya ko na numfashi, da wanda ƙuncin wuri ke firgita shi, da dattijon da gwiwa ke damu, su haƙura, domin babu na'urar hawa, ƙafa ce kaɗai. Yara ƙanana sai tare da babba.

Tafiyar ta kan ɗauki kamar minti 45 zuwa sa'a guda. A ƙarshe akwai matakala mai taki 112 zuwa sama, masu gadi kuma su kan duba jakar mai fita, don kada wani ya ɗauko ƙashi. Ƙofar fita tana titin René-Coty, da ɗan nisa daga inda aka shiga, saboda haka wanda ya bar abokin tafiya ko mai mota a sama ya gaya masa tun da fari a can zai jira shi.